Tsarkiyar Baba Usmanu

A unguwar Ƙurban, idan aka ce Sharfuddeen Mai Tsire kowa ya san wanda ake nufi, amma ba tsiren ne ya sa aka san shi ba. Tsirensa dai ba yabo ba fallasa, irin wanda Larabawan Madina suke kira siriya, suna ci suna share hawaye saboda yaji. Hanji ne ya yi masa suna. Duk ranar Babbar Salla, mutane suna can suna rabon cinya da ƙirji, shi kuwa sai ka gan shi da bokitin roba yana bi ƙofa-ƙofa, dattijo guda cikin farin tobi, doguwar rigar nan ta Larabawa, yana roƙon a ba shi ƙananan hanjin rago, kuma don girman Allah kada a sa musu wuƙa. Matan unguwa sun tsokane shi har sun gaji. Yanzu da sun ji sallamarsa sai su ce wa yara, "Ku miƙa wa Ammu kayansa," wato Baffa da Larabci, su ci gaba da suyarsu.

Ba ci yake yi ba. Tsarkiya yake murzawa da su, ya ɗaura wa wani tsohon raket na katako, irin na wasan tanis, wanda ya girme shi da 'yan shekaru. In ya gama ɗaurawa sai ya kaɗa tsarkiyar a gefen kunnensa, ya saurara, ya ɗauko wuƙa ya yanke ta. Shekara ashirin da bakwai ke nan yana haka. Wanda duk ya ce wannan aikin banza ne, Sharfuddeen ba ya musu da shi, sai dai ya ce gado ne, kuma gado ba a zaɓarsa.

Mahaifinsa, Baba Usmanu, ya bar wani ƙauye a ƙasar Katsina yana ɗan shekara goma sha huɗu, a ƙasa, bayan iyayensa, sun fuskanci gabas da niyyar Hajji. Iyayen ba su ƙarasa ba, ƙasar Sudan ta rufe su. Shi kaɗai ya kai Bur Sudan, bakin teku, ya tsaya jiran ranar da zai sami halin tsallakawa. Yana wannan jira ya sami aiki a wani kulob na Turawa: ya daɓe filin tanis, ya ja masa layi da farar ƙasa, ya tsinto ƙwallo. Wani tsohon Bagirike da ke gyara musu raket ya koya masa yadda ake mayar da hanjin rago tsarkiya. Daga nan, in wani Bature ya rasa abokin wasa, sai a miƙa wa Usmanu raket a ce ya tsaya can gefen raga. Kafin a ankara ya fi ƙarfin duk wanda ke kulob ɗin, har ya zamana biyansa suke yi ya yi wasa da su, shi kuma ya san yadda zai bari a ci shi ba tare da an gane ba.

A wancan zamanin, in ji Baba, wanda ya karɓi ko kobo a kan wasan nan ya zama ɗan ƙwadago. Ba a sa shi a manyan gasa, ba ya zama teburi ɗaya da masu yi don sha'awa, ta ƙofar baya yake shiga kulob ko da fari ne fat. Shi ya sa ƙwararrun da suka mayar da wasan sana'a suka haɗa ayarinsu daban, suna yawo gari-gari a jirgin ruwa da na ƙasa, filinsu na tamfol a naɗe kamar tabarma, inda suka sauka su shimfiɗa, a biya a kalla. Baba yakan yi dariya in ya zo nan. Yakan ce, "Su ma fa Takaru ne irinmu, ba su da gida sai hanya."

Wata shekara, gab da yaƙin duniya na biyu, jirgin irin wannan ayari ya tsaya Bur Sudan kwana biyu shan gawayi. Akwai wani a cikinsu, Baba bai taɓa riƙe sunansa ba, Dogo kawai yake ce masa. Raɓar teku ta lalata wa Dogo tsarkiyoyinsa, aka kai shi wurin Usmanu. Da ya gwada aikin sai ya ce yana son ya ga hannun da ya ɗaura wannan yana bugawa. Suka shiga fili da la'asar sakaliya, Turawan kulob sun jeru a inuwa. Ranar Usmanu bai bari an ci shi ba, sai da aka ci shi da gaske, shida da huɗu. Dogo ya zagayo raga yana haki, ya ce masa ya tattara kayansa, jirgi zai tashi Alhamis, akwai wuri a ayari.

A wannan makon ne kuma aka ce masa wurinsa ya samu a kwalekwalen da zai tsallaka Jidda, bayan shekara goma sha biyar da barin gida. Jirgi biyu a bakin ruwa ɗaya. Usmanu ya shiga ƙaramin. Dogo ya aiko masa da raket ɗin nan, a matse cikin katakai biyu masu kusoshi don kada ya lanƙwashe.

Iyakar labarin ke nan, kuma Baba bai taɓa ƙara masa gishiri ba. Ya sauke farali, ya zo Madina, ya kafa tukubar tsire, ya yi aure, ya haifi Ƙaltume, ya haifi Sharfuddeen. Bai sake taɓa ƙwallo ba har ya bar duniya. Sai dai duk shekara yakan tara hanjin layya ya hau soro da su, ɗansa na biye.

A nan Sharfuddeen ya koyi aikin, da ido, don Baba ba mai bayani ba ne. A wanke hanjin tun da ɗuminsu. A jiƙa su a ruwan toka kwana uku, ana canzawa safe da yamma. A kankare su da tsagin kara har su zama farare, ka ga zanen tafinka ta cikinsu. A tsaga su bisa tsawonsu, a haɗa zare goma sha biyu a murza, a miƙe tsakanin turaku biyu. Iskar Madina busasshiya ce, takan tsattsage tsarkiya kafin ta nuna, don haka Baba yakan kewaye wurin da jiƙaƙƙun buhuna, yana cewa yana aro wa hanjin iskar Bur Sudan. Bayan kwana goma a goge ta da baƙin dutsen nan mai ƙofofi da ke zube a bayan gari, a shafa mata man zaitun. Sannan a zauna da basilla, a bi ramukan raket ɗaya bayan ɗaya, ana ja ana kaɗawa ana saurare.

In an gama, Baba yakan ɗaga raket ɗin zuwa kunnensa ya kaɗa da babban yatsa. Ya daɗe yana saurare. Sai ya ce, "Ba ta kai ba." Ya yanke ta, ya mayar da raket cikin katakansa, ya rataye. Kwana biyu uku bayan nan ba ya cin abincin kirki.

Yana da wata ɗabi'a kuma. Bayan la'asar, kafin ya fita tukuba, yakan jingina da bangon soro ya lumshe ido, ya riƙa yin wani sauti da harshe, kamar ƙwafa amma ba ƙwafar fushi ba. Ƙwaf. Sai ya ɗan juya kai dama. Ƙwaf. Ya juya hagu. Yaran sukan laɓe a matakala suna ƙunshe dariya, uwarsu ta kore su, ta ce kowane tsoho da irin tasbihinsa.

Da Baba ya rasu, Sallar da ta biyo baya Sharfuddeen ya tsinci kansa da bokiti a ƙofar maƙwabta, bai ma shawarci zuciyarsa ba. Ya yi tsarkiyar, ya ɗaura, ya kaɗa. Ta yi masa ƙara daidai da wadda ya saba ji a hannun Baba, wato wadda ba ta kai ba. Ya yanke. Abin da ke cin ransa tun daga ranar shi ne, yana neman sautin da bai taɓa ji ba. Baba ya san abin da yake nema, shi kuwa iyakar abin da aka bar masa shi ne sanin cewa ba wannan ba ne. Ya canza toka, ya gwada kanwa, ya ƙara zare, ya rage, ya nemi hanjin ragon Najdi, ya nemi na Sawakin. Duk shekara ƙarar ɗaya ce.

Yakan yi tunanin abin da rana tsaka, yana jera nama a tsinke. Sai hayaƙin tukuba ya buɗe, ya ga wani fili ja a bakin teku, da mutane sanye da fararen dogayen wanduna suna gudu ba ƙarar takalmi, da wani baƙin saurayi siriri da ya ɗaga hannu sama kamar mai tsinkar dabino. Komai yana gani tar, har gumin da ke wuyan Dogo. Amma filin shiru yake kamar ƙarƙashin ruwa. Ƙwallo ta tashi, ta sami raket, ba abin da ke fita. Sai mai saye ya ce, "Ya Ammi, naman zai ƙone," ya dawo Ƙurban.

Shekarar da ya cika sittin da uku, hannunsa na dama ya fara rawa. Wanda ya fara lura shi ne Dakta Khalilu, wani Bazazzagi da ke aiki a wani asibiti a garin, wanda kewar gida take korowa tukubar duk Alhamis. Ya ga yadda yaji ke zubewa gefen takarda, ya ce masa ya zo a duba shi. Bayan an duba, bai ɓoye masa ba.

"Baba, magani zai rage ta, amma ba zai tsayar da ita ba. Aikin da ke son basilla da zare, ka yi shi bana. Baɗi ban yi maka alkawari ba."

Ga shi kuma yankan gida yana ƙarewa. Yawancin mutane sun koma kai ragunansu mayanka, a dawo musu da nama a leda, hanjin kuwa ko oho. A Sallar bana sai da ya taka har unguwar Al-Ranuna kafin ya haɗa na rago bakwai. Ya hau soro da su ya yi aikin a hankali, basilla tana kuɓuce masa, yana tsinta. 'Yarsa Sundus takan leƙo ta ce, "Khalas ya buya, ya isa haka Baba, ka huta," ya ce mata to, ya ci gaba. Abin da yakan ɗaura a wuni ɗaya, bana kwana huɗu ya ci masa.

Ranar da ya gama, Dakta Khalilu ya biyo gaisuwar Salla da ta makara, aka ce ya hau sama. Ya tarar da dattijon zaune, raket a cinya, wuƙa a gefe. Likitan yana taɓa wasan tanis a filin gidajen ma'aikatan asibitinsu, don haka da ya ga abin sai ya tsuguna, ya karɓa da hannu biyu kamar an miƙo masa jariri. Sharfuddeen ya ba shi labarin daga Katsina har zuwa wuƙar.

"To da aka buga ta, yaya ta yi?" in ji likita.

"Wa zai buga?"

"Ban gane ba. Ba a taɓa sa mata ƙwallo ba?"

"Da kunne ake gwadawa, Dakta. Haka na ga Baba yana yi."

Dakta Khalilu ya dube shi, ya dubi raket, sai dariya ta ƙwace masa. "Haba Baba! Shekara ashirin da bakwai kana girki, ƙanshi kawai kake shaƙa kana zubarwa? Kunne na mai ɗauri ne, don ya san ja ya yi daidai. Amma tsarkiya ba ta magana sai ƙwallo ta tambaye ta. Gobe Juma'a da hantsi filin babu kowa. Zan zo in ɗauke ka."

Sharfuddeen bai yi dariya ba, tsoro ne ya kama shi. Muddin raket yana rataye, yana iya cewa baɗi za ta kai. In aka buga ta tsinke, ko katakon ya dare, shi ke nan, ba baɗi, ba raket, ba kuma hannun da zai sake. Ya mayar da wuƙar kube, ya ce zai yi shawara.

Shawarar ita ce Yaya Ƙaltume, wadda tun rasuwar mijinta take zaune a ɗakin ƙasa, tana mulkin gidan daga kan darduma. Ta saurare shi tana jan carbi.

"Baba bai taɓa fitar da abin nan daga gida ba," ta ce.

"Na sani, Yaya."

"Ka sani, amma za ka fitar. Tun kana yaro haka kake, sai ka gama yanke shawara ka zo neman wanda za ka ɗora wa." Ta ja ƙwaya biyu uku. "Je ka. Kai hannunsa ka zauna kallo duk shekarun nan. Ni da nake kawo muku shayi, fuskarsa nake gani."

Ya tambaye ta me take nufi, ta ce ya tashi ya ba ta wuri, lokacin walaha yana wucewa.

Da hantsi suka isa. Filin kore ne, na siminti, an kewaye shi da waya, ga wasu dabinai uku suna leƙowa ta sama. Bai yi kama da jan filin da yake gani a hayaƙi ba ko kaɗan, har ya ji kamar an kawo shi gidan da ba nasu ba. Ya kwance kusoshin, ya zare raket daga katakansa. Rana ta bi ta cikin tsarkiyar, ta yi launin zuma. Likita ya ce ya kawo ya fara gwadawa a hankali, Sharfuddeen ya girgiza kai. In za ta tsinke, gara ta tsinke a hannun mai ita.

Ya tattare tobinsa ya soke a ƙugu, ya cire takalmi. Dakta Khalilu ya gyara masa riƙo, ya koma bayan raga, ya jefo ƙwallo sannu. Dattijo ya kai mata duka kamar mai korar kaza, ta wuce abinta. Ta biyu ta sami katako ta yi gefe. Ta uku ta buge shi a gwiwa. Likita yana ta cewa, "Ma'alesh, ba komai Baba, kada ka bi ta, bari ta zo." Hannun yana rawa, gumi ya fara tsattsafo masa, yana jin kunyar dabinan nan ma.

Ta huɗu ta faɗo, ta yi tsalle, ta taso daidai ƙugunsa, ya miƙa hannu kawai.

Ƙwaf.

Ƙwallon ta haye raga ta sauka a gaban likita, shi kuma ya maido ta ba tare da tunani ba. Sharfuddeen bai motsa ba, ta wuce ta gefensa ta bugi waya. Yana tsaye, baki a ɗan buɗe. Ya san wannan sauti. Ya san shi tun kafin ya san karatun Fatiha. Ya ji shi daga matakalar soro, shi da Ƙaltume suna toshe baki, la'asar bayan la'asar, shekara talatin da wani abu.

Sai jan filin ya buɗe a gabansa, a nan cikin hantsi, ba hayaƙi ba komai, kuma wannan karon da sautinsa. Ƙwaf daga hannun Dogo, kan Baba ya juya dama. Ƙwaf daga hannun siririn saurayin, kan Baba ya juya hagu. Ashe ba tasbihi ba ne. Ashe duk yammacin duniya mutumin nan yana komawa Bur Sudan ya ƙarasa wasansa, sannan ya tashi ya je ya hura gawayi.

Ya ɗaga raket ɗin zuwa kunnensa ya kaɗa da babban yatsa. Ƙarar nan ce dai, ta bara, ta bariya, ta kowace shekara, ta hannun Baba. Wadda aka ce ba ta kai ba.

"Baba, lafiya?" Likita ya zagayo raga. "Ko hannun ne?"

"Ba hannun ba ne." Ya share fuska da hannun riga. Tausayin mahaifinsa ya cika shi har ya rasa inda zai sa shi, ga kuma wani ɗan haushi a ƙarƙashi, na shekarun da ya yi yana canza toka. "Koma can, Dakta. Sake jefowa."

Sun yi kusan rabin sa'a. A cikin jifa wajen hamsin bai sami fiye da tara ba, amma kowace ɗaya ta faɗi abin da ta farko ta faɗa, kuma tsarkiyar ba ta ko yi gezau ba. Sai da aka fara jin motsin masu tafiya masallaci suka tsaya.

A gida ya tarar da Ƙaltume inda ya bar ta. Ba ta ɗago ba.

"Ta kai?"

Ya zauna a bakin dardumarta, ya ajiye raket tsakaninsu, ya sa harshe a ganɗa ya yi sautin sau ɗaya. Carbin ya tsaya a hannunta. Ta ja gefen mayafi ta rufe fuska, kafaɗunta suna motsi.

"Duk shekara in ya kaɗa ta," ta ce daga cikin mayafin, "sai fuskarsa ta koma ta yaro. Sai ya dubi ƙofa. Wallahi ƙofa yake duba, Sharfu, kamar yanzu zai tashi ya fita. Daga nan sai ya lalubi wuƙa."

"Me ya hana ki gaya mini?"

"Na ɗauka ka sani. Na ɗauka kai ma don kada ka fita kake yankewa."

Aka fara kiran sallar Juma'a daga masallacin Ƙuba. Sundus ta leƙo da wuƙar a kubenta, ta ce ta tsince ta a soro, ko yana bukata.

"Kai wa masu girki," in ji Sharfuddeen.

Ya tashi ya rataye raket ɗin a ƙusarsa, da tsarkiyarsa a jiki, karo na farko tun da ya tsallako teku. Hannun yana rawa, sai da ya gwada sau biyu kafin ya sami ƙusar.